Wa Ya Nome Gonar Kofur?

Ana idar da sallar asuba muka bar Kano ranar Talatar da ta wuce, ni da yayata da direban da ta ɗauko. Ku da kuke bibiyata kun san ni da tashin sassafe ba ma shiri. Na shiga mota ido rabi a rufe ina ta mita, ita kuwa Yaya ko kallona ba ta yi ba. Ta rungume jakarta a ƙirji kamar wadda ta ɗauko gwal.

Bari in gaya muku abin da ya fitar da mu. Yayata malamar tarihi ce a jami'a. Shekara huɗu ke nan tana rubuta littafi a kan rayuwar mata a lokacin yaƙin basasa, matan da aka bari a gida da goyo da surukai da gona bayan mazansu sun tafi bakin daga. Bara 'ya'yan wani tsohon akawun soja suka ba ta akwatin takardun mahaifinsu bayan ya rasu. A ciki ta tsinci wata wasiƙa da ta yi ja don tsufa. Wata mata mai suna Ramatu ce ta sa aka rubuta mata daga Ƙofa zuwa ga mijinta, wani kofur, amma wasiƙar ba ta taɓa isa hannunsa ba. Abin da ke ciki kaɗan ne: gaisuwa, yaro ya fara haƙori, tunkiya ta haihu, sai kuma cewa ƙanensa ya nome gona ya yi maimai, dawa ta yi kyau, kada ya sa damuwa a ransa.

A kan wannan 'yar takarda Yaya ta gina babi guda, wanda ta fi so a duk littafin, inda take nuna yadda dangin miji suka riƙe gonakin sojoji suka ciyar da iyalansu. Matsalar ita ce a ƙa'idar aikinsu ba a buga wasiƙar mutum sai da izininsa ko na magadansa, masu buga littafin kuma sun ba ta zuwa ƙarshen wata. In ba a sami Ramatu ko 'ya'yanta ba, babin ya fita. Ni kuwa an ɗauko ni ne don in riƙe na'urar ɗaukar murya, kuma, a faɗar Yaya, don bakina ba ya gajiya da hira da tsofaffi. Na ɗauki maganar a matsayin yabo.

Gari ya waye mana a hanyar Zariya. Kaka ta shigo sosai, gonakin shinkafa na wajen Kura sun yi ruwan ɗorawa har iya ganin ido, ga tsuntsaye gayya guda suna tashi suna sauka. A Bagauda na kafa ƙafa na ce ba inda za ni da yunwa. Muka ratse muka sami wata mai suyar kifi kusa da bakin tafki, kifin da aka fito da shi da safen nan, ta barbaɗa masa yaji mai daddawa. Na ci uku da burodi, na kora da shayi mai kauri, kuɗin kuma bai kai abin da zan biya kifi ɗaya a unguwarmu ba. Daga inda muke zaune ana hango tsohon otal ɗin nan na bakin ruwa da iyayenmu suke ba da labarinsa. Yaya ta gutsiri kifi sau biyu ta ture, ni na taimaka mata da ragowar.

Da hantsi muka shiga Ƙofa. Muka fara da gidan mai unguwa kamar yadda ya kamata, muka durƙusa muka kwashi gaisuwa. A nan Yaya ta yi kuskurenta na farko. Duk karatunta, sai ta buɗe baki da cewa bincike take yi a kan yaƙi. Ai kuwa kafin ta kai ga maganar mata, mai unguwa ya riga ya aika. Cikin ɗan lokaci zaure ya cika da dattawa, aka shigo da wani tsohon soja mai sanda aka zaunar da shi a tsakiya. Bawan Allah ya gyara hula ya fara tun daga ranar da aka auna ƙirjinsa a wajen ɗaukar soja. Labari ne mai daɗi, ba ƙarya, amma awa ɗaya da rabi ta wuce ba mu ƙetare Kogin Kwara ba. Da Yaya ta sami dama ta tambayi halin da matansu suka shiga, sai ya dube ta da mamaki ya ce, “Mata kuma? Ai suna gida, 'yata. Me ya same su?”

Ni dai na ga abin ba na ƙarewa ba ne, sai na nemi izinin shiga cikin gida shan ruwa. A tsakar gida na tarar da wata tsohuwa tana tsinkar zogale. Na zauna na sa hannu muna tsinka tare, na bi ta da tsokana har ta saki jiki, sannan na tambaye ta Ramatu. Ta ce Ramatu a garin nan ta san sun fi goma, wasu na ƙasa wasu na sama, wacce a ciki? Na ce wadda mijinta ya tafi soja ya bar ta da jariri. Ta ajiye zogalen ta tafa hannu.

“Au, Matar Kofur! Wa ya ce miki ana kiran ta Ramatu? Rabon da in ji sunan nan tun muna 'yan mata. Sun tashi da daɗewa, amma ƙanwarta tana aure a Yako.”

Na fito ina taƙama kamar ni na rubuta littafin. Sai da tsohon soja ya kai aya muka yi godiya muka tashi, don ba a katse babba, kuma Yaya ta ce labarinsa ma yana da wurin zama a wajenta.

Hanyar Yako ta gwada mana ƙarfin ƙugu. Damina ta tafi ta bar ramuka, 'yan mashin suna wuce mu ɗauke da buhuna da mutane, ƙananan bas kuma suna tafe a karkace saboda lodi. Direbanmu mutum ne marar magana, amma a hanyar nan na ji ya yi salati ya fi sau ashirin. A bakin gari muka tsaya wajen wata Bafillatana ta dama mana fura da nono mai sanyi a ƙwarya. Na gwada gaishe ta da ɗan Fillancin da na sani, ta yi dariya har ta riƙe ciki, ta amsa mini da Hausar da ta fi tawa tsabta.

Ƙanwar Matar Kofur tsohuwa ce mai faram-faram. Ta ce yayarta tana nan da ranta, da hankalinta, sai dai kunne ɗaya da ya yi nauyi, kuma tana Tudun Wada wajen 'yarta. Na ga Yaya ta lumshe ido ta yi hamdala a hankali, don ita tsoronta kada a ce matar ta rasu. Kafin mu fito tsohuwa ta ɗaure daddawa da kuka a leda ta ce mu kai mata. Maƙwabciya ta ji ana maganar Tudun Wada, ta kawo tata ledar ta ɗanta. Wata ta kawo kaza da ƙafa a ɗaure. A ƙauye duk motar da ta nufi inda ɗan uwanka yake ta zama taka, ba kuma a cewa a'a. Haka kazar nan ta zauna a gefen ƙafata tana hararata har Kwanar Dangora.

Da la'asar sakaliya muka isa Tudun Wada. Garin nan ƙamshin turaren shinkafa ne yake tarar baƙo tun daga nesa. Ko'ina injin casa yana kuka, mata sun baza shanya a kan tamfol, ga manyan tukwane a kan wuta. Muka sauke saƙonnin mutane ɗaya bayan ɗaya, na rabu da kaza ba tare da kewa ba, sannan muka sami gidan 'yar Matar Kofur. Ta karɓe mu hannu biyu, amma ta ce mun yi saɓani: Iya ta tafi Doguwa wajen babban ɗanta mako biyu da suka wuce. “Ba a raba Iya da kaka,” in ji ta. “Da ta ji an fara karyar masara sai ta haɗa ƙullinta. Mun yi faɗan har mun gaji.”

Jikin Yaya ya yi sanyi. Gari uku a yini ɗaya, kowanne ana ce mana gaba. Matar gidan ta hana mu tafiya, ta ce ba a shiga dajin Falgore da yamma, mu kwana. Ta yi mana tuwon sabuwar shinkafa da miyar taushe, da man shanu yana yawo a sama. Ba zan ɓoye muku ba, ni damuwar babin nan ba ta hana ni ƙari ba.

Washegari sai da rana ta ɗaga muka kama hanya. Ban taɓa ratsa Falgore ba sai ranar. Bishiyoyi sun yi duhu a gefe da gefe, ciyawa ta fi mutum tsayi, iska mai sanyi tana shigowa ta taga. Mun ga birai biyu a bakin kwalta suna kallon motoci ba ko gezau. Akwai shingayen jami'an tsaro jefi-jefi, a gaisa a wuce. Da muka fito sai ƙasa ta sauya, duwatsu suka miƙe, gonaki suka hau gangare. A Doguwa masara ta yi yawa har ta rasa wurin zama, an jibge ta a ƙofar gida, a bakin hanya, a kan rufin ɗaki. Ga rake, ga dankali, komai a arha har mutum ya ji kunyar yin tayi. Na sayi rake na cika bayan mota, direba ya bi ni da kallo.

Ƙauyen da muka nufa mota ba ta shiga. Muka bar ta a bakin wani rafi, muka tuɓe takalma muka haye, muka taka kamar tafiyar minti ashirin a cikin gonaki. Babban ɗan Matar Kofur ya taro mu a ƙofar gida, magidanci mai furfura, wanda ya ba hamsin baya da nisa. Sai da na ɗan yi tunani sannan na gane shi ne jaririn da ya fara haƙori a cikin wasiƙa.

Ita kuma muka same ta a inuwar rumbu, zaune a tabarma da tulin masara a gabanta tana ɓara da hannu. 'Yar ƙaramar tsohuwa ce, amma tafin hannunta da na riƙe wajen gaisuwa ya fi na maza da yawa tauri. Muka ba ta daddawarta da kukarta, ta sansana ta ce lallai ta Yako ce. Wannan karon Yaya ta koyi darasi, ba ta ambaci yaƙi ba. Ta zauna ta ɗauki masara ta fara ɓara, ni ma haka, muka yi ta hirar hanya da ta 'yan uwa. Sai da hira ta nuna sannan ta ce, “Iya, mun zo miki da wata ajiya taki.” Ta nemi izini na kunna na'ura, ta matsa kusa da kunnen da yake ji, ta karanta wasiƙar a hankali. Ɗan yana tsaye a bakin ƙofa yana saurare.

Da aka zo kan haƙorin yaro, Iya ta yi murmushi ta nuna shi da haɓa. Da aka zo kan tunkiya ta ce, “Tagwaye ta haifa, mai rubutun bai sa ba.” Da aka karanta maganar gona kuwa sai hannunta ya tsaya. Ta ajiye masarar.

“Ashe ba ta je ba,” ta ce. “To, 'yata, nan wurin ba maganata ba ce.”

Yaya ta ce, “Ta yaya, Iya?”

“Ƙanen nasa kurkunu ya kwantar da shi daminar nan, ƙafa biyu. Ko bayan gida sai an riƙe shi. Ruwa ya sauka, kowa yana ta kansa, ba mai yi maka gayya. A gidanmu kuwa a lokacin matar aure ba ta fita gona, abin kunya ne ga miji. Na duba rumbu na ga ƙasa. Sai uwar mijina ta ɗauko tsohuwar rigarsa da malafarsa ta ba ni, ta karɓi yaron. Assalatu nake fita, kafin hantsi na dawo. Duk wanda ya hango daga nesa sai ya ce ƙanen ne ya ji sauƙi. Ni na yi huɗa, ni na yi shuka, ni na yi noman fari, ni na yi maimai.”

Ta ce ranar da aka kira mai rubuta wasiƙa zaure, tana bayan labule tana faɗa, ƙanen yana kwance a gefe. Da aka zo kan gona ya roƙe ta don Allah kada a rubuta gaskiya. Yayansa yana tsakanin rai da mutuwa, in ya ji matarsa ta riƙe garma zai ce sun wulaƙanta shi a bayan idonsa. Ita ma kunya ba za ta bar ta ta faɗa wa baƙon namiji ba. Sai aka rubuta abin da zai kwantar masa da hankali.

Yaya ta tambaya ko Kofur ya dawo. Iya ta fashe da dariya. Ya dawo lafiya lau, ya tarar da rumbu cike, gari duka yana yabon ƙanensa. Don murna ya je Kano ya sayo masa sabon keke, ita kuma ya kawo mata zane. “Bawan Allah ya karɓi keken nan kansa a ƙasa. Amma fa ni keken ya yi wa bauta. Niƙa, ɗiban ruwa, aike gidanmu, ko tari na yi sai ya hau keke. Har ya rasu bai iya haɗa ido da ni sosai ba. Allah ya jiƙansa, mutumin kirki ne.” Kofur kuma ya rayu shekaru masu yawa bayan haka, ya koma ga Allah bai sani ba. Uwar mijin ta riga su duka.

Na juya na dubi ɗan. Ya zame ya tsuguna a bakin ƙofa, ya cire hula yana murzawa a hannu. Ya ce, “Iya, ni fa kullum abin da nake gaya wa yarana ke nan, Baffa ne ya riƙe mu shekarar. Ashe ke ce? Me ya hana ki faɗa?”

Ta ce, “Wa ya tambaye ni?”

Wallahi sai da na ji ƙwalla ta cika mini ido, ni da nake ganin ba na kukan banza. Yaya kuwa na san lissafin da take yi, babin da ta sha wahala a kansa ya rushe a gabanta. Amma fuskarta ba ta ɓaci ba, sai ma wani haske da na gani. Ta nemi izinin buga wasiƙar tare da abin da aka faɗa yau, ta bayyana cewa a al'adar aikinsu za ta sauya suna da gari don kada a gane mai maganar. Iya ta sa aka maimaita mata, ta girgiza kai.

“A'a. An ɓoye ni sau ɗaya, ya isa. Masu jin kunyar duk sun tafi. Ki sa Ramatu, ki sa Ƙofa. Ki rubuta dami arba'in da biyu na ɗaure shekarar, ban da wake.”

Ta dangwala yatsa a takardar izini, ɗanta ya sa hannu a matsayin shaida. Ta tambaya ko za a bar mata wasiƙar. Yaya ta riga ta ɗauki hotonta, don haka ta miƙa mata ta asalin. Iya ta ninke ta ta ƙulle a bakin zane. Aka kawo mana dafaffiyar masara da gyaɗa, muka ci, aka raka mu har bakin rafi da buhun dankali wanda ba yadda ba mu yi ba a bar shi, aka ƙi.

Mun ratsa Falgore da sauran rana, muka yi la'asar a Kwanar Dangora, muka shigo Kano ana kiran magariba. Duk tsawon hanya Yaya tana rubutu a kan gwiwa, tana soke layi tana sake wani. Na tsokane ta na ce Dakta guda, tsohuwa mai ɓarar masara ta kayar da ita a jarrabawa. Ta ce ba ta taɓa faɗuwar da ta yi mata daɗi kamar wannan ba. Kwana goma sha ɗaya suka rage mata ta sake babin daga tushe, ta kuma ce yanzu dole ta koma kan sauran wasiƙun da ke akwatin ta tambayi kanta wa yake zaune a zaure lokacin da ake rubuta kowacce.

Abin da na ƙaru da shi a tafiyar nan ba mai yawa ba ne, amma ya zauna mini. Na ga ƙasarmu tana da albarka, mutanenta kuma suna da karamcin da ke sa ɗan birni jin kunya. Na kuma gane takarda tana iya tsufa ta yi ja, a adana ta a akwati shekara da shekaru, alhali abin da ke cikinta rabin magana ne, sauran rabin yana bakin wata tsohuwa da ba wanda ya zauna ya tambaya. Mu ma muna da irinsu a gidajenmu, muna gaishe su da safe mu wuce.

Jiya da hantsi ɗan Iya ya kira Yaya a waya. Ya ce bayan tafiyarmu ya tara 'ya'yansa da jikokinsa a tsakar gida, ya sake ba su labarin shekarar nan yadda yake. Iya tana gefe tana ɓarar masararta, ba ta ɗago kai ba, sai dai duk inda ya yi kuskure ta gyara masa.